Tambaya da Amsa: Mutanen Inuit da kayansu na fata a ƙasar ƙanƙara

Assalamu alaikum jama'a. Wannan makon kamar haɗa baki kuka yi. Tunda hunturu ya kankama rabin saƙonnin da ke shigowa maganar sanyi ce, cikinsu kuwa guda biyar sun faɗo kan abu ɗaya, wato mutanen nan na can ƙuryar arewacin duniya masu sa kayan fata mai gashi. Na tattara su wuri guda. Masu tambayar kaushi da faso ku yi haƙuri sai fitowa ta gaba in Allah Ya kai mu.

TAMBAYA: Malam barka da aiki. Na ga wani bidiyo a Facebook na mutanen da ake ce wa Eskimo, mutum ya fito tun daga kai har ƙafa cikin fatar dabba kamar dodo, ga ƙanƙara ko'ina fari fat. Wai da gaske wannan fatar tana hana su jin sanyi ko dai sun saba ne kawai? Daga wani mai karatu a Katsina.

AMSA: Barka kadai ɗan'uwa. Bari mu fara gyara sunan, da yawansu musamman na Kanada da Girinlan ba sa son a ce musu Eskimo, baƙi ne suka laƙaba musu. Su Inuit suke kiran kansu, ma'anarsa mutane, in mutum ɗaya ne kuma Inuk. Suna zaune a Girinlan da arewacin Kanada da Alaska ta Amurka, da 'yan'uwansu a bakin gabashin Rasha. A Kanada kaɗai ƙidayar 2021 ta nuna sun ɗan haura 70,000, kuma tun 1999 suna da yankinsu Nunavut mai hedikwata a Iqaluit.

Maganar sabo kuwa, akwai sabo, amma sabo ba ya hana yatsa daskarewa. Firizar gidanku da kake sa nama ya koma kamar dutse tana kan digiri 18 ne ƙasa da sifili. Su can a tsakiyar sanyi 30 ƙasa da sifili abu ne na kullum, yakan kai 40, ga iska a kai, kuma a haka mutum zai je ya tsaya cak a kan teku da ta daskare yana gadin ramin da dabbar ruwa ke leƙowa shan iska, awa da awanni ba motsi don kar ta ji shi. Wannan ba aikin jarumta ba ne kaɗai, aikin riga ne.

Dabbobi biyu ne ginshiƙin kayan. Ta farko karibu, dangin barewa ce amma babba, mai ƙaho rassa-rassa, tana yawo garke-garke. Ta biyu sil, dabbar teku mai kitse, in ka san ayu to ka ɗan kwatanta siffarta da shi duk da ba dangi ba ne. Abin da ya sa fatar karibu ta fi komai shi ne gashinta, kowane silin gashi cikinsa ba a cike yake ba, ɗakuna ne ƙanana cike da iska, ita kuwa iskar da aka tsare wuri ɗaya ita ce ke riƙe zafin jiki. Sai su yi riga biyu. Ta ciki, atigi, gashin yana kallon jiki, a kan fata tsirara ake sa ta ba singileti ba komai. Ta waje, qulittaq, gashin yana kallon waje. Wando ma haka, biyu. Tsakanin rigunan iska, cikin gashin iska, tsakanin gashi da jikin mutum iska. Kuma duk wannan kayan da kake gani kamar mutum ba zai iya ɗaga hannu ba, nauyinsa gaba ɗaya bai wuce kilo 3 zuwa 4 da rabi ba.

Ga abin da mutane ba su cika ganewa ba: babban abokin gabarsu gumi ne. Ka yi gudu bayan karnuka ko ka ja nama ka yi gumi, rigar ta jiƙe, da ka tsaya sai gumin ya daskare a jikinka, shikenan. Shi ya sa rigar ba matsattsiya ba ce, a sake take daga ƙasa, ba ta da maɓalli ba zif, ta kai ake zura ta. Zafi sama yake tashi, to in mutum ya ji ya fara ɗumi sai ya ture hular baya ya sassauta wuya, tururin ya fice ta sama, sabuwar iska ta shigo ta ƙasa. In ya tsaya sai ya ja hula ya ɗaure ƙugu. Kamar mai gyara murhu ne, yana ƙara wuta yana ragewa.

TAMBAYA: Salamu alaikum Malam. Ni majemi ne, gado na yi, shekarata 40 da wani abu ina jima. Ɗana ne ya karanto min cewa ƙasar waɗannan mutane ko bishiya babu. To in babu bishiya babu bagaruwa ke nan, da me suke jeme fatar har ta yi laushin da za a sa a jiki ba ta ruɓe ba? Abin ya tsaya min a rai. Daga Kano.

AMSA: Wa alaikumus salam Baba, Allah Ya ƙara girma. Wallahi tambayarka ce ta sa na ware wannan fitowar gaba ɗaya. Amsar a gajarce ita ce, a mafi yawan ƙasarsu ba sa jima irin wadda ka sani. Ba tsimin bagaruwa, ba kwarmin toka. Ƙarfin hannu ne, da wuƙa, da haƙori, da shi kansa sanyin. Ku da zafi kuke faɗa, fata in ta kwana ba gishiri ba shanya ta fara wari. Su sanyi ya riga ya kashe musu rabin wannan matsalar.

Aikin tun daga farauta yake farawa, don ba kowane lokaci fatar karibu take da kyau ba. Ta tsakiyar sanyi gashinta ya yi kauri da tsawo da yawa, ta yi nauyi, sai dai shimfiɗa, kamar buzu. Ta farkon bazararsu kuma gashi na zuba, ga huji-huji a gadon baya saboda wani ƙuda da ke sa ƙwai a jikin dabbar, tsutsarsa ta girma a ƙarƙashin fata sannan ta huda ta fito. Kai ka san yadda kaska ke ɓata fata, to wannan ya fi. Sai wajen Agusta zuwa Satumba hujin ya warke, sabon gashi ya fito gajere mai santsi, to a nan ake farautar fatar tufafi. Iyalin da wannan lokaci ya kuɓuce musu sun shiga uku a shekarar. Kuma suna zaɓe: fatar ɗan maraƙi mai laushi ta rigar ciki da kayan yara, fatar ƙafafu mai tauri da gajeren gashi ta takalma da safar hannu, farin gashin ciki na ado.

Maza ke farauta da fiɗa, daga nan aiki ya koma hannun mata. Za a shanya fatar gashi a ƙasa ta bushe a hankali, ba kusa da wuta ba. In ta bushe ta yi ƙarau kamar kwali, sai a ɗumama ta, kuma hanyar da tsofaffi ke bi ita ce mutum ya lulluɓa da ita, ɓangaren naman a jikinsa, ya kwana a haka, zafin jikinsa ya ratsa ta. Da safe a ɗauko makankari mai dakusasshen baki, na ƙashi ko dutse, a bi ta ana dannawa ana miƙar da ita har tantanin nan na ciki ya farfashe. Sai a yayyafa mata ruwa a naɗe a ajiye ta sha, wasu su fitar da ita waje ta daskare, a dawo a sake miƙarwa, sannan a kawo mai kaifi a kankare tantanin gaba ɗaya. A yi ta murzawa ana cuɗawa kamar mai wanki har cikinta ya yi fari ya yi laushi kamar yadi. Kuskure ɗaya da mai kaifin nan ka yanke saiwar gashi, wurin ya zama sanƙo, sanƙo a rigar sanyi kuwa ƙofa ce.

Fatar sil daban take, matsalarta kitse. Za a ɗora ta kan katako a bi ta da ulu, wuƙar mata ce mai siffar rabin wata da mariƙi a sama, da ita ake fiɗa da yanka fata da yanka nama har da aski, yarinya tun tana ƙarama ake yi mata 'yar tata. A share kitsen tas, don in ya rage zai ci fatar ta yi rawaya ta ruɓe. A wanke, a da a wasu wurare kamar Girinlan da tsohon fitsari ake cire maiƙon, yanzu sabulu. Sai a huda gefe-gefe a ɗaure a jikin firam ko a kafe ta da turaku a ƙasa ta bushe a miƙe. In takalmin ruwa za a yi sai a aske gashin a bar baƙin saman fatar, shi ne ke hana ruwa shiga. In fara ake so ta ado sai a jiƙa ta har gashi da baƙin su saɓule, a shanya a waje cikin tsananin sanyi, iska da ƙanƙara su mayar da ita fara sol. A can yamma wajen Alaska inda ake samun 'yan itatuwa suna amfani da ɓawon wani icce su rina fata ta yi ja-ja, to nan ne kaɗai aikinsu ya ɗan leƙo naku.

Sai maganar haƙori. Tafin takalmi da fatar wani babban sil ake yi, ugjuk, mai gemu, yakan haura kilo 300, fatarsa kauri gare ta in ta bushe kamar ƙirgi. Mace za ta zauna ta bi ta da haƙori tana taunawa, layi-layi, har ta lanƙwasu, sannan ta tattare gaba da dunduniya ta yi musu ƙananan ninki don tafin ya tashi ya rungume ƙafa kamar kwano. Tsofaffin mata da yawa haƙoransu na gaba sun cinye har kusan dadashi saboda wannan. Ni da na fara ganin hoton wata tsohuwa da haƙora a daddashe na ɗauka rashin lafiya ce, ashe shekarun takalman 'ya'ya da jikoki ne. Yau wasu filaya suke sawa ko injin matsa fata, likitocin haƙori sun huta.

Amma fa Baba akwai inda taka ta fi tasu. Fatar da ka jeme da bagaruwa ta jemu ke nan, ko ta jiƙe ta bushe tana nan. Tasu tunda ba ta sha tsimi ba kullum a shirye take ta koma yadda take, in ta jiƙe aka busar da ita da gaggawa sai ta ƙandare, in aka bar ta a ɗumi da laima ta ruɓe. Saboda haka kula da ita aikin kullum ne. Kafin mutum ya shiga ɗaki sai ya kakkaɓe ƙanƙarar jikinsa da wani ɗan sanda na ƙashi ko katako, rigar waje a bar ta a zaure inda ke da sanyi, takalma da safa a juya su a ɗora kan ragar da ke saman fitilar dutse mai cin man sil, qulliq, su bushe sannu a hankali cikin dare, da asuba uwargida ta sake murza su ta tauna inda ya yi tauri ta duba ɗinki kafin maigida ya fita. Da a ce za ka kai irin wannan riga Kano a watan Afrilu ba na jin za ta ga damina.

TAMBAYA: Malam ni tela ce, ina ɗinkin mata. An ce takalmansu ruwa ba ya shiga, to ai duk inda allura ta bi ta bar huji, ko leda ce. Yaya suke yi? Kuma da wane zare? Daga Maraɗi.

AMSA: Hajiya kin yi tambayar masu sana'a. Zaren jijiya ce, wadda ke bin gadon bayan karibu, a busar da ita a tsattsaga siri-siri, sunanta ivalu. Amfaninta a nan shi ne in ta jiƙe kumbura take yi, sai ta toshe hujin da ta bi. Allura a da ta ƙashin tsuntsu ce ko haure, ana adana ta cikin ɗan bututun ƙashi don allura ɗaya dukiya ce, har Turawa suka kawo ta ƙarfe, kuma tana cikin kayan da matan suka fi nema a hannunsu. A ɗan ali suke sa abin kare yatsa, na fatar sil, suna jawo allurar ta wajen jikinsu.

Dabarar hana ruwa kuwa, ilujjiniq suke ce mata. Layi biyu ake yi. A layin farko allura za ta shiga rabin kaurin fata ta ɗaya ba ta fasa ta ba, sannan ta ratsa ta biyu. Sai a juya a yi layi na biyu akasin haka, ta shiga rabin ta biyun. To kin ga babu wuri ko ɗaya da huji ya ratsa fatun biyu daga waje har ciki. A haɗa da zare mai kumbura, kuma fatar da ɗanshinta ake ɗinka ta, in ta bushe ta ƙara damƙe zaren. Mutum zai wuni tsaye cikin ruwan ƙanƙara safarsa a bushe. Takalmin shi ne kamik, kuma a sanyi ba shi kaɗai ake sawa ba, akwai doguwar safar karibu gashi a ciki, da wani ɗan silifa na fata, sannan kamik, wani lokaci da ƙarin wani a kai, wasu yankunan har busasshiyar ciyawa suke shimfiɗawa a ciki ta shanye gumi.

Awo kuma ba tef ba takarda. Da ido da tafin hannu da yatsu ake aunawa, wani lokaci da ɗan zare a ƙulla. Uwa ta kalli yaro ta yanka fatar daidai jikinsa. Suna kauce wa sa ɗinki a kan kafaɗa inda kaya ke gogawa, kuma rigar namiji kafaɗarta da faɗi take don ya iya zare hannunsa daga hannun riga ya rungume shi a ƙirji ya ɗumama ba tare da ya tuɓe ba. Fatar bayan dabba ita ke zama bayan riga, fatar kai ta zama hula, har wani lokaci a bar kunnuwan a hular yara. Gashi duk ƙasa yake kallo don ƙanƙara ta zame. Gezar da kike gani a bakin riga ba kwalliya ce kaɗai ba, tana hana bakin naɗewa tana kuma rage iska.

An ƙiyasta cewa iyali mai mutum 5 na buƙatar fatar karibu wajen 20, gyaran fatun kaɗai ya kai awa 300, yanka da ɗinki kuma wasu awa 225, kuma kusan duk shekara sai an sake don gashin karibu zuba yake. Ki tuna da hasken fitilar mai ake yawancin wannan aiki, lokacin da rana ta fara ɓacewa. Ga wa'adi a kai da ya fi na ɗinkin sallah tsanani: a tsohon addininsu, kafin yawancinsu su zama Kirista, wasu ƙabilun sun haramta haɗa kayan tudu da na teku, wai uwar dabbobin teku da suke kira Sedna ko Nuliajuk za ta yi fushi ta hana su nama, saboda haka dole a gama ɗinkin karibu kaf kafin a tashi a koma zama kan ƙanƙarar teku.

In kina son ki san daɗewar wannan gwaninta, a 1972 wasu mafarauta biyu 'yan'uwan juna suka ci karo da kabari a wani wuri Qilakitsoq kusa da Uummannaq a Girinlan. Gawa 8, mata 6 da yara 2, ɗaya jariri ɗan wata 6, sun rasu wajen shekarar 1475, sanyi da busasshiyar iska sun adana su da kayan jikinsu. Tufafi 78 aka ƙirga, na sil da na karibu, har da rigunan ciki da aka harhaɗa da fatun tsuntsaye. Yankan da ɗinkin kusan irin wanda aka tarar jikokinsu na yi ne bayan shekara 400 da wani abu. Wasu daga cikin gawarwakin suna gidan tarihi na Nuuk, babban birnin Girinlan, yanzu haka.

Kuma ba su tsaya kan dabba biyu ba. Mutanen tsibiran Belcher a tekun Hudson na Kanada da karibu ya ƙare musu a ƙarshen ƙarni na 19 sai suka koma yin riga da fatar agwagwar teku da gashinta. Na can ƙuryar arewacin Girinlan wandon fatar farin beyar suke sawa har gobe. A Alaska hanjin sil ake wankewa a hura a busar a tsaga a ɗinka rigar ruwa shara-shara mara nauyi.

TAMBAYA: Don Allah Malam da gaske ne a cikin hula matansu ke goyo? Na ga hoton jariri yana leƙowa ta bayan kan uwarsa, tausayi ya kama ni, ba zai faɗo ba? Daga wata uwa a Kumasi.

AMSA: Kwantar da hankalinki 'yar'uwa, ba cikin hula yake ba, ido ne ke yaudara. Rigar sunanta amauti, bayanta an yanka shi da wani aljihu mai faɗi ƙasa da hular, a nan yaron yake zaune, cikinsa manne da bayan uwarsa kamar dai goyonmu. Akwai ɗamara da ke zagayowa ta ƙarƙashinsa a ɗaure a gaba, ita ce majanyinsu. Hular ce aka yi ta ƙatuwa don ta rufe su su biyu. A da jaririn kusan tsirara yake a ciki sai 'yar hula, zafin jikin uwa ne bargonsa, a sa masa gansakuka ko guntun fata a matsayin nafkin. Abin da ya fi burge ni, kafaɗun rigar an yi su da yalwa yadda in yaro ya nemi nono uwar za ta zamo da shi ta ƙarƙashin hammata ya dawo gaba ya sha ya koma, iskar waje ba ta taɓa shi ba ko sau ɗaya. Haka zai zauna har wajen shekara 2, yana girma ana buɗe aljihun ana ƙara masa fata. Har yau in kin je Iqaluit za ki ga mata da amauti a kanti da ofis, sai dai yawanci na yadi ne yanzu.

TAMBAYA: Malam ɗana ya samu karatu a Kanada, garin Winnipeg, an ce sanyin can ba a magana. Shin har yanzu ana samun irin waɗannan kaya, in sa ya nema? Ko na kanti sun fi? Daga wani uba a Kaduna.

AMSA: Alhaji Allah Ya sa albarka a karatun. Ɗanka ba ya buƙatar rigar karibu, daga ɗaki mai hita zuwa bas zuwa aji zai riƙa yi, rigar karibu kuwa ɗaki mai hita ne ke kashe ta. Wannan ma na cikin abin da ya rage sa ta a wurin su kansu Inuit ɗin. Daga shekarun 1950 gwamnatin Kanada ta tattara su a garuruwa, aka kwashi yara zuwa makarantun kwana nesa da iyaye, yarinyar da ya kamata tana gefen kakarta tana koyon riƙe ulu tana can an sa mata yunifom an hana ta yarenta. Sai kuma kasuwar fatar sil ta rushe bayan Turai ta hana shigo da fatun jariran sil a 1983, duk da su Inuit ba jariran suke farauta ba, a 2009 Tarayyar Turai ta faɗaɗa haramcin, an ce an cire Inuit daga ciki amma mai saye ya riga ya gudu. A ganina an cuce su a nan, mutumin da ke cin naman ya sa fatar ba shi ne mai ɓarna ba.

Duk da haka sana'ar ba ta mutu ba. Mafarauta masu doguwar tafiya a kan babur ɗin ƙanƙara da yawa har yanzu karibu suke ɗorawa a sama, ƙafa kuma kamik, don sun gwada na kanti sun ga bambanci. Tsofaffin mata na koyar da 'yan mata a azuzuwan ɗinki, ƙungiyar matan Inuit ta Kanada, Pauktuutit, ta daɗe tana fafutukar kar kamfanoni su kwashe fasalin amauti su sayar ba izini, kuma a 2019 kamfanin Canada Goose ya ɗauki mata maɗinka 14 'yan Inuit suka yi masa riguna da fasalinsu.

Turawa ma ai sun daɗe da sallamawa. Roald Amundsen ɗan Norway ya yi sanyi biyu, 1903 zuwa 1905, a wurin da yanzu ake kira Gjoa Haven a arewacin Kanada, ya ga kowa da wutsiya shi ma ya nemi tasa ya ɗaura, ya koyi sa kayan fata da tuƙa karnuka a wurin Inuit 'yan ƙabilar Netsilik. Da wannan ilimi ya riga kowa isa ƙuryar kudancin duniya ranar 14 ga Disamba 1911 ya dawo da mutanensa lafiya. Robert Scott na Ingila da ya fi dogara da ulu da yadi, mutanensa na jan kaya da ƙarfinsu suna gumi, ya isa bayan wata guda, shi da abokan tafiyarsa 4 ba wanda ya dawo. Ba tufafi kaɗai ne dalili ba amma suna ciki.

To abin da za ka faɗa wa yaron shi ne ya ari dabarar ko bai ari fatar ba. Kaya hawa-hawa marasa matsewa sun fi ƙatuwar riga guda ɗaya. Kar ya sa auduga a jikin fata, tana riƙe gumi. Takalmi ya ɗara ƙafarsa kaɗan yadda yatsu za su yi motsi cikin safa mai kauri, safar hannu kuma mai haɗe yatsu wuri ɗaya ta fi mai rabe-rabe ɗumi. In zai sayi jaket ya duba mai gashi a bakin hula, wannan gashin daga Inuit aka ɗauko shi, yana karya iska kafin ta daki fuska, su na wolbarin suka fi so, wata dabba dangin dage, saboda in numfashi ya daskare a jikinsa da ka kaɗa sai ƙanƙarar ta zube. In ya ji ya fara gumi a hanya ya buɗe wuya tun kafin rigar ciki ta jiƙe, in ya iso ƙofa kuma ya kakkaɓe jikinsa a waje kafin ya shiga.